Maƙeri da Ɗan Koli a Majigi

Matasan da na yi aiki da su a gidan talabijin sukan tambaye ni a wace makaranta na koyi rubuta wasa da shirya fim. Nakan ce musu a Kankiya. Sai su gyaɗa kai cikin girmamawa, don ba su san Kankiyar wancan lokaci ba. Gaskiyar magana, ban nemi sana'ar nan ba. Ina ƙaramin malami a ofis, aikina kwafe takardu da yi wa duk Baturen da ya ratso tafinta, aka wayi gari wata babbar mota ta tsaya a ƙofa. Wani Bature jawur mai gajeren wando ya sauko, ya ce yana neman wanda ya iya Turanci kuma yake da basira. Manyan malamai suka dubi juna, suka fahimci aikin na tsayuwa a rana ne, nan take suka haɗu a kan cewa duk ofishin babu mai basira kamata.

Ƙarshe-ƙarshen mulkin Turawa ne. Gwamnati ta gano cewa talaka bai iya komai ba, har noman da ya gada kaka da kakanni, don haka ta ware mutane su riƙa yin fim ana zagawa da shi ƙauyuka ana haskawa a jikin farin ƙyalle. Shi muke kira majigi. Labarin kullum ɗaya ne. Akwai manomi mai hankali da ke jin maganar malamin gona, akwai maƙwabcinsa mai taurin kai. Rumbun mai hankali ya cika, na mai taurin kai ɓeraye su yi ƙaura daga cikinsa, a ƙarshe ya zo ya sunkuyar da kai ya ce ya gane. Wannan karon darasin a kan haƙa rami ne a tara taki. Baturen majigin ya ce in rubuta abin da mutanen biyu za su faɗa wa juna.

Na ɗauki abin da zafi. Na yi kwanaki ina rubutu ina gogewa, na zuba Hausa mai daɗi, har mai taurin kan ma na ba shi kalmomin da limami zai yi sha'awarsu. Ina ganin kaina a matsayin wanda za a riƙa nunawa da yatsa a Katsina.

Baturen ya zaɓi Kusada saboda ya ce gonakinta sun yi masa kyau a ido. Dagaci ya tara magidanta a ƙofar gidansa, Baturen ya bi su ɗaya bayan ɗaya yana duban fuskokinsu kamar mai cinikin raguna. Ya nuna wani maƙeri dogo, mai faɗin ƙirji, wanda fuskarsa ba ta san dariya ba, ya ce ga mai hankali. Ya nuna wani ɗan koli gajere, mai idanu kamar na kurege, ya ce ga mai taurin kai. Wani tsoho ya yi tari.

Dagaci ya jawo ni gefe ya ce, "Malam, hwaɗa mashi ya sake. Mutanen ga shekara da shekaru ko sallama ba su yi wa juna."

Gonakinsu ne ke haɗe, kuma a kan iyakar akwai wata ƙatuwar ɗorawa. Maƙerin ya ce ubansa ne ya bar ta lokacin da ya sassabe wurin. Ɗan kolin ya ce ubansa ne, kuma ma uban maƙerin ko gatari aro yake yi. Duk bazara idan ɗorawar ta nuna sai an yi cacar baki a kan kalwa, matan gidajen biyu kowacce na ganin daddawarta ce aka sace.

Na fassara wa Baturen. Da ya ji gonakinsu a haɗe suke sai murna ta kama shi, ya ce ba sai mun yi ta jigilar kaya ba. Batun gabar kuwa, ya ce gwamnati ba ta da lokacin bishiya.

Da farko kowannensu ya ƙi. Maƙerin ya ce shi ba ɗan wasa ba ne, yana da 'ya'ya da surukai. Amma da ya ji ɗan kolin ya fara sassautowa, sai ya ce ba zai zauna a maƙera a haska wannan gajeren a jikin ƙyalle yana taka masa gona ba. Haka aka samu taurarin farko a ƙasar Kusada, kowa ya shigo don ya tsare ɗan'uwansa.

Ranar ɗauka, na zaunar da su nesa da juna ina biya musu maganganunsu kamar mai koyar da karatu. Ɗan kolin yana ta kallon na'urar ɗaukar hoton da aka kafa a kan ƙafafu uku. Can ya ce, "Malam, akwatin ga shina ji?"

Ban taɓa tunanin tambayar ba. Na juya na tambayi Baturen. Ya yi dariya ya ce a'a, hoto kawai take ɗauka. Idan an zo nunawa, wani ne zai riƙe lasifika ya karanta bayanin, kuma wannan wanin ni ne. Na ce to me ya sa ya bar ni na sha wahalar rubutu? Ya ce ai yana da kyau bakinsu ya riƙa motsi.

Ni raina ya ɓaci. Ɗan kolin kuwa fuskarsa ta washe kamar an yi masa albishir da kujerar Makka.

Abin da na rubuta shi ne su haɗu a bakin ramin taki, su gaisa hannu biyu, ɗan kolin ya tambayi amfanin ramin. Baturen ya ce su yi murmushi sosai. Aka fara. Ɗan kolin ya taho da fara'a har kunne, ya kama hannun maƙerin ya ce, "Sannu ɓarawon kalwa. An kwana lahiya?"

Maƙerin bai saki hannun ba. Ya buɗe haƙora, abin da mutanen garin suka rantse ba su taɓa gani ba, ya ce, "Lahiya lau, mai sai da turaren da rabinshi ruwan rijiya ne."

"Wanga rami kabarin wa kake gina?"

"Na auna tsawonka, shi ya sa bai ɗauke ni lokaci ba."

'Yan kallo suka toshe baki da hannun riga. Baturen yana leƙe ta cikin na'ura yana cewa madalla, madalla, bai taɓa ganin zumunci irin na mutanen ƙasar nan ba. Ya tambaye ni me suke cewa. Na ce suna tambayar juna lafiyar iyali ne, ranka ya daɗe. Ya ce ya ga alama.

Bayan watanni fim ya dawo daga wanki, aka kafa ƙyalle a filin kasuwar Kankiya bayan an idar da sallar magariba. Mutanen Kusada sun tako da ƙafa tun la'asar. Na riƙe lasifika na gyara murya. Da ɗan kolin ya bayyana a jikin ƙyalle, na karanta, "Salamu alaikum maƙwabcina, wane aikin alheri ne wannan?" Kafin in rufe baki, jama'a daga baya suka ɗauka gaba ɗaya, "Sannu ɓarawon kalwa!" Fili ya ruɗe. Duk jimlar da na karanta sai an mayar mini da ta gaskiya, wasu har suna gyara wa juna inda aka yi kuskure. Na ci gaba da karatu ina gumi kamar mai wa'azi a mahauta.

Baturen yana zaune a kujerarsa ta tafi-da-gidanka yana ta murmushi. Daga baya ya sanar da manyansa cewa bai taɓa ganin jama'ar da batun taki ya ratsa kamar mutanen Kankiya ba. Ramin taki dai, iya sanina, wanda muka haƙa don fim shi ne kaɗai aka haƙa a shekarar.

Saboda wannan gagarumar nasara aka ce mu yi na biyu, a kan garmar shanu, kuma da mutanen nan biyu. A nan ne na zama mai shiryawa, ko da yake a lokacin sunan aikin shi ne "je ka nemo". Ni na nemo shanun, na lallashi mai su da ya ce hoto yana rage wa sa ƙiba. Ni na aro dammunan gero daga gidaje daban-daban aka cika rumbun mai hankali, muna gamawa aka mayar wa kowa nasa yana ƙirgawa da ido. Rumbun mai taurin kai ne kawai bai ba ni wahala ba, don irinsa ba sai an nema ba.

Labari ya riga ya bazu. Mutane suka zo daga ƙauyukan Boko da Kaikai, masu fura da masu ƙosai suka kafa a gefen gona. Taurarin namu kuwa kowa ya zo da shirinsa. An ce maƙerin yakan tsaya da guduma a hannu a tsakiyar aiki yana motsa baki shi kaɗai, yana gwada zagin da zai yi. Ni kuma na daina wahalar da kaina, na rubuta 'yan layuka a bayan wata takarda, babu wanda ya tambaye ni su. Matsala ɗaya aka samu, ɗan kolin ya ce ba zai yi wauta sau biyu a jere ba alhali ga wanda Allah ya halitta don aikin. Sai da Baturen ya yi masa alkawarin cewa a fim na gaba shi ne mai hankali.

Na gaban bai zo ba sai da Baturen ya je hutu ƙasarsu ya dawo. Hutun ya cinye kaka, don haka muka shirya ɗaukar girbi a tsakiyar bazara, rana kamar ta fasa kai, ɗorawa ta nuna ta yi baƙi a sama. Darasin wannan karon takin zamani ne. Kuma Baturen ya dawo da sabon abu, wani akwati mai zare da ke ɗaukar magana, da wata doguwar sanda da ake rataya kunnen akwatin a kanta. Ya ce yanzu duk abin da aka faɗa zai shiga, don haka in koma rubutu na gaske.

Na ji kamar an mayar mini da gadon gidanmu. Na zauna na tsara maganganu, musamman ta ƙarshe, inda mai taurin kai zai zo ya amsa kuskurensa. Na yi ta juya jimlar ina sauraron yadda take sauka a kunne har ta yi mini daidai.

'Yan kallo ba su ji daɗin ci gaban ba. Aka ce kowa ya yi shiru, kar a yi tari, kar a yi dariya. Da suka ji ɗan kolin yana bayanin yadda ake barbaɗa taki a gindin gyaɗa da muryar mai karanta sanarwa, rabinsu suka watse, masu fura suka bi su.

Maƙerin ne yanzu mai taurin kai. Na biya masa jimlarsa ta ƙarshe. Ya ce in sake. Na sake.

"Malam, maganar ga ba ta kwanta mani ba."

"Wasa ne, baba. Kowa ya san wasa ne."

"Shi ya sani?" Ya nuna ɗan kolin da haɓa.

"Ai shi ma nasa zai faɗa. Zai ce ba komai, ku taru ku sa takin zamani."

Ya yi ajiyar zuciya ya ce to.

Baturen ya duba hagu ya duba dama yana neman inda haske ya fi kyau, bai ga ko'ina ba sai gindin ɗorawar. Ya tsayar da su a nan. Don hoton ya ƙara armashi, ya kama hannun maƙerin ya ɗora a jikin bishiyar. Aka miƙa sanda, zare ya fara juyawa. Maƙerin ya sunkuyar da kai yadda aka koya masa, ya ce da babbar muryarsa, "Gaskiyarka ce, maƙwabci. Duk abin da ka daɗe kana faɗa a kan gonar nan haka yake. Ni ne na yi taurin kai."

Na lumshe ido don daɗi. Karon farko ke nan da na ji rubutuna ya fito daga bakin wani ba tare da an sauya ko harafi ba. Ina jiran amsar ɗan kolin, sai na ji shiru. Na buɗe ido na gan shi ya juya wa na'ura baya, ya fuskanci sauran mutanen da suka rage, ya ɗaga hannu.

"Jama'a, kun dai ji da kunnenku. Ku zan shaida. Mai gari, kai ma ka ji."

Maƙerin ya janye hannunsa daga jikin ɗorawar kamar ya taɓa garwashi. Baturen ya tambaye ni me ya faru, na ce ɗan kolin ya manta maganarsa ne. Ɗan kolin ya matso da ladabi ya ce in roƙar masa Bature ya kunna akwatin ya ji. Baturen ya kunna. Muryar maƙerin ta fito tar, har da kukan kurciya a bayanta. Ɗan kolin ya ce a sake. Baturen ya sake, yana gaya mini cewa wannan mutumin yana da sha'awar ilmin zamani, irinsu ƙasar ke buƙata.

Washegari da muka iso gona don ƙarasa aiki, muka tarar an ja ƙaya an kewaye ɗorawar ta ɓangaren maƙerin, matan gidan ɗan kolin suna ta kaɗo 'ya'yanta da gora suna cika kwanduna. Ba a jima ba sai ga maƙerin da ƙannensa. Suka yi watsi da ƙayar, kwanduna suka kife, aka fara naɗe hannun riga. Dagaci ya shiga tsakani da rawaninsa a warware, ya ce abin ya fi ƙarfinsa, a tafi gaban alƙali a Kankiya. Baturen ya so ya ɗauki hoton taron, ya ce zai yi amfani a fim ɗin haɗin kan manoma. Na ce masa hasken bai yi kyau ba.

Ina ofis aka aiko kirana. Na shiga zauren shari'a na cire takalmi na durƙusa. Alƙalin dattijo ne mai sanyin magana, carbi a hannu. Ashe ɗan kolin ya nemi a kawo akwatin ya ba da shaida, alƙali ya ce ba ya karɓar shaidar abin da ba ya alwala. Maƙerin kuma ya ce maganar ba tasa ba ce, ga wanda ya sa masa ita a baki.

Alƙali ya dube ni. "Kai ka tsara maganar?"

"Ni ne, Allah ya gafarta malam."

"Kana wurin lokacin da iyayensu suka sassabe gonar?"

"Ba a haife ni ba."

"To me ka sani a kan ɗorawar?"

"Ban san komai ba. Maganar takin zamani nake nufi."

"Maimaita mani ita in ji."

Na maimaita, kuma duk da halin da nake ciki sai da na ji daɗin saukarta.

"Ban ji taki a ciki ba," in ji alƙali.

Na ce da akwai shi, na cire ne don yana ɓata wa jimlar tafiya. Alƙali ya ja carbinsa kaɗan, ya tambayi muhuti, mataimakinsa, ko wannan ne yaron da aka ce ya yi karatu a Katsina. Muhuti ya ce shi ne. Alƙali ya ce Allah ya ƙara basira.

Hukuncin bai ɗauki lokaci ba. Maganar da aka sa wa mutum a baki cikin wasa ba iƙirari ba ce. A kwashe ƙaya, ɗorawa ta zauna yadda iyayensu suka bar ta, kowa ya ci reshen da ya leƙa gonarsa. Wato aka mayar da su daidai inda suke kafin gwamnati ta zo wayar musu da kai.

A ƙofar zauren suka tare ni, ɗaya ta dama ɗaya ta hagu. Maƙerin ya ce tun farko ya san da bakina a ciki, nawa gajeren ya ba ni? Ɗan kolin ya ce na cuce shi, na rubuta masa shaidar da ba ta tsayawa gaban shari'a, in da na san aikina da na ambaci ɗorawar da sunanta. Mutanen Kusada da ke wurin suka ce tunda suke ba su taɓa jin mutanen nan sun yarda a kan abu ɗaya ba sai ranar, cewa ni ne mai laifi.

Daga nan babu wanda ya sake yarda ya tsaya gaban na'ura. Ga shi kuwa ba a ɗauki amsar ɗan kolin ba. Baturen ya aika, ya yi lallashi, ya yi barazana da sunan gwamnati, a banza. A ƙarshe ya ce dama kurciyoyi da wani jaki sun ɓata sautin, ya cire shi gaba ɗaya. Fim na farko mai magana a ƙasarmu ya fita bebe, na koma riƙe lasifika ina yin muryar mutum biyu. Mun nuna shi a garuruwa da dama. Na roƙi arziki kada a kai shi Kusada, aka taimake ni.

Da sashen majigin ya tashi komawa Kaduna na nemi in bi su, manyan malaman ofishinmu suka sa mini albarka da saurin da ya ba ni mamaki. Turawa suka tafi, aka buɗe talabijin, na shiga, na rubuta wasanni na shirya wasu har furfura ta fito mini.

Sai bayan shekaru masu yawa na sake bi ta Kusada, ran kasuwa, kan hanyar zuwa wata ta'aziyya. Na tarar da maƙerin zaune a bakin maƙera, 'ya'yansa ne ke aikin. Na durƙusa na gaishe shi. Ya gane ni sarai, ya amsa da "lahiya" guda ɗaya ya mayar da ido kan wuta. Ɗan kolin kuwa yana cikin rumfarsa, ya ƙara gajarta, haƙoran gaba sun zube. Yana ganina ya miƙe ya shimfiɗa mini buzu, ya tambayi iyali, ya tambayi Kaduna, ya sa aka kawo mini ruwa. Na fara tunanin tsufa ya wanke masa zuciya. Da zan tashi ya raka ni har bakin mota, ya waiga ya ga babu kowa kusa, ya kama hannuna.

"Malam, akwatin nan shina nan wurinku?"

Na ce wane akwati?

"Mai maganar maƙeri mana. Ka bincika mani. An yi mamu sabon alƙali, an ce ɗan boko ne, shina karɓar irin wanga."

Na ce masa zan duba. Direba ya tayar da mota, yana biye da mu yana cewa in na samu kada in aiko ta hannun kowa, in kawo da kaina.